Ƙasar Ramin Kailu

Fagge, Kano
9 ga Janairu

Zuwa ga ɗana Badaruddeen, a Ajame,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka gaisuwar wadda ba ta taɓa ganinka ba, amma ta san kakanka tun yana da baƙin gashi. Yaya maiɗakinka Barakatu da yara? Mu nan lafiya lau, sai gwiwa da ke tuna mini shekaruna duk sa'ad da zan tashi daga kan sallaya, da kuma kunne da ya yi nauyi. Kunnen ne ya sa ka ga takarda maimakon waya. In an kira ni sai in yi ta cewa na'am alhali ban ji komai ba. Shekara talatin da biyar na yi ina koya wa 'ya'yan mutane rubutu, bari yau in ci moriyarsa.

Ni ce Iklima 'yar Kailu. Mahaifina da kakanka Jibrin 'ya'yan wa da ƙani ne, tare suka sauka Tireshbil ta Abijan suna fawa, ɗakinsu ɗaya a unguwar da yanzu kuke kira Biyafara. Ka ga ke nan gwaggonka ce ni, ko ka so ko ka ƙi. Malam Sadi, direban da ke kawo goro kasuwar Mariri daga wajenku, shi ya ba ni labarinka. Ya ce kana wata sana'a da ban taɓa jin irinta ba: ka ɗebi baƙi a mota, ka kai su bayan Tumodi su kalli tsofaffin ramukan zinariya, ka dawo da su kafin magariba, kuma su ji daɗi. Na yi dariya har na ƙware. Daga baya na daina, don mahaifina yana cikin ɗaya daga ramukan nan.

Ina da shekara bakwai a lokacin. Baba ba mahaƙi ba ne, bai taɓa riƙe diga ba. Nama yake kai wa mahaƙa ya gasa musu a bakin ramuka, ni da Inna Zuhura muka bi shi muka yi damina biyu a can. Wata Laraba da hantsi rami ya zabtare da wani ɗan ƙabilar Bawule mai sayen nama a wurinsa, ana ce masa Kwame. Ana jin muryarsa daga ƙasa, mutane sun tsaya cirko-cirko. Baba ya ajiye wuƙa, ya ɗaura igiya a ƙugu, ya ce a zura shi. Bai kai ƙasa ba ɗaya gefen ya rufta. Mahaƙan wurin, a yadda Inna ta faɗa mini, ba sa tono wanda rami ya ci, sun ce ƙasa ta ɗauki rabonta. Inna ta yi kuka, kakanka ya zo daga Abijan ya yi ta roƙo, babu wanda ya ɗaga shebur. Ba wanka, ba likkafani. Bayan ta gama takaba muka dawo Kano.

Inna ta yi wani auren, ta haifi wasu 'ya'yan, ta kai casa'in ba ɗaya. Amma da za ta cika bara waccan, sunan Kailu ta kira. Ta ce da ni, “Ko ƙasar wurin ce a kawo mini.” Na ce to, ban san yadda zan yi ba.

Ga roƙona. Ba na neman a tono shi. Ka nemo ramin, ka tsaya a kansa da Musulmi ko mutum biyu ne, ku yi masa addu'a, ka ɗebo mini ƙasa cikin tafin hannu. Inna ta bar mini alamu uku. Ta farko, akwai rimi mai gindi ɗaya da ya rabu biyu daidai tsayin mutum. Ta biyu, rafin da mata ke wanke yashi da ƙwarya yana gabas da shi, jifa ɗaya. Ta ukun wani abu ne da Inna ta ajiye da hannunta kafin mu taso. Ita sai ka sami biyun farko zan faɗa maka, don mu tabbatar. Kada ka ji haushi, halin malaman makaranta ne, ba ma ba da amsa tare da tambaya.

Zumunta a ƙafa take, tawa ƙafar kuwa ta gaza, sai taka.

Gwaggonka,
Iklima


Adjamé, Abidjan
2 ga Fabrairu

Gwaggo,

Wa alaikumus salam. Na karɓi takardarki a gar, wato tashar motocin goro, daga hannun Malam Sadi. Lafiyarmu ƙalau, Barakatu tana gaishe ki. Yako da gwiwa, haka muke cewa a nan, sannu ke nan. Fardon, wato afuwa, da Hausata, a nan aka haife ni, bakina ya fi gudu da Faransanci. Sau uku na karanta takardarki. Na san sunan Baba Kailu a bakin kakana, amma bai taɓa faɗa mana yadda ya rasu ba. In an kawo zancen sai ya tashi ya ce zai yi alwala.

Ki bar yi mini dariya, sana'ar ta gaske ce. Gid ake ce da ni, wato ɗan jagora. Motar ta wani abokina ce, shi ne sofer, wato direba, ni ne baki. Ba ma ɗaukar fiye da mutum takwas, don in sun yi yawa ba a jin magana. Ranar Asabar ƙarfe shida muke tashi daga Treichville kusa da tashar jirgin ruwa. Turawan ofis, Labanawa, 'yan Sin, da 'yan ƙasa masu son nuna wa yaransu daji. Kafin tara mun wuce Toumodi mun shiga jan hanya. Wurin yana da kyau, Gwaggo, ba zan ɓoye miki ba. Tsaunuka kore shar, gonakin koko, da safe hazo yana kwance a kwari. Ina nuna musu ƙarafan da kamfanin Turawa ya bari sun yi tsatsa, da ramukan da ciyawa ta rufe. Akwai mata biyu a ƙauyen da ke nuna musu yadda ake juya ƙwarya a ruwa, kowa ya gwada ya jiƙa wando. Sai a ci aceke, wato dambun rogo, da kifi a gindin mangwaro, mu juyo.

Ramukan suna da yawa, sun fi ɗari, amma rimi mai rabuwa biyu ba zai yi wuyar gani ba. Shekara huɗu ina bin wurin, na san shi kamar cikin gidanmu. Ki kwantar da hankalinki. Abin da kakana bai iya yi ba, ni zan yi shi in sha Allahu. Kafin azumi za ki ji daga gare ni.

Ɗanki,
Badaruddeen


Fagge, Kano
20 ga Afrilu

Badaru,

Bayan sallama, ina fata lafiya ce ta ɓoye ka. Mu muna lafiya. Azumi ya zo ya wuce, an yi salla, Malam Sadi ya sauke goro sau uku, kowane zuwa ina aika ɗana Amir Mariri ya dawo hannu rabbana. Yanzu har kunyar tambayar Malam Sadi nake ji.

In ba ka samu ba, ka ce ba ka samu ba. Ba laifi ba ne, shekara sittin ba kwana sittin ba ce. Shirun ne ba na so. Likita ya ce jinina ya hau, ya ce in rage tunani, kamar tunani gishiri ne da ake ragewa a miya.

Gwaggonka,
Iklima


Adjamé
11 ga Mayu

Gwaggo,

Salam. Ki yafe mini shirun, aiki ne ya yi yawa, kuma ƙaramar 'yata ta yi zazzaɓi, amma ta warke. Da na karanta zancen hawan jini ban ji daɗi ba ko kaɗan. Ina rubuta wannan a tsaye a gar, motar Malam Sadi tana shirin tashi, ko takardar kirki ban samu ba sai bayan wannan ta aikinmu da ke aljihuna.

Albishirinki. Na samu. Ramin yana nan, bai cike duka ba, bakinsa ya yi kamar na rijiya, itatuwa sun kewaye shi. Wuri ne mai inuwa da sanyi, daga nan ana hango kwarin gaba ɗaya. Na share ciyawa, na sa an kafa katako kewaye don kada wani ya faɗa. Yanzu babu Asabar da ba na tsayawa a kansa da mutane, ina kuma kiran sunansa. Ba za a sake manta Baba Kailu ba.

Ga ƙasar nan a kwalbar turare, na ɗaure bakinta da leda. Ja ce, irin ta wurin. Ki sha maganinki, ki daina tunani. Mota na yi mini hon.

Badaruddeen


Fagge, Kano
3 ga Yuni

Zuwa ga ɗana na kaina,

Assalamu alaikum. Allah ya ƙara wa 'yar taka lafiya, ya raya maka su, ya sa su yi maka abin da ka yi mini. Ni dai tun da kwalbar nan ta shigo gidan nan ban san inda ciwon gwiwa ya shiga ba.

Na buɗe na shinshina. Ka yi dariya in ka so, amma na ji ƙamshin wurin. Na kwana biyu da ita a cikin akwatina, ranar Juma'a bayan an sauko na ba Amir. Ka san mu mata ba ma shiga maƙabarta, to amma na bi shi a adaidaita har bakin katanga, na tsaya inda nake hango kansa. Na ga lokacin da ya durƙusa a kabarin Inna ya zazzage ta duka, ya shafe da hannu. Daga inda nake na ce, “Inna, ga abin da kika ce a kawo miki.” Mai gadin wurin ya miƙo mini benci na zauna. Na yi kuka, amma na daɗi ne. Da muka dawo na sa aka yi waina aka raba wa maƙwabta, duk wanda ya tambaya na ce ɗana na Abijan ya gano mini mahaifina.

Amir ya ce, ai ba ki tambaye shi alama ta uku ba. Na ce da shi, wanda ya share ciyawa ya kafa katako ba a yi masa jarrabawa. Ka ci ba tare da ita ba.

Sai da na juya takardarka na ga ashe har bugawa ka yi. Ga hoton ramin da katakon da ka faɗa, ga rubutu da Faransanci, a tsakiya kuma ga sunan Baba da manyan baƙaƙe, duk da kun rubuta shi irin naku. Faransancina ya tsaya a bonjur, amma sunan ubana na gane shi. Na ce wa Amir, ka gani, har takardar neman addu'a yaron nan ya buga yana raba wa mutane. Na sa an yi mata gilashi na rataye a falo, gefen hoton yana waje. Maƙwabciyata Hajiya Saudatu mutuniyar Damagaram ce, ta yi makarantar Faransanci, ta je gida biki. In ta dawo za ta karanta mini kalma kalma.

Ka gaida mutanen da ke tsayawa tare da kai. Ka ce musu 'yarsa ta gode.

Gwaggonka mai sa maka albarka,
Iklima


Fagge, Kano
24 ga Yuni

Badaruddeen,

Na yi maka sallama don Musulunci. Lafiyata ba ta dame ka ba, ba zan ɓata tawada a kanta ba.

Hajiya Saudatu ta dawo. Ta shigo yi mini barka, na ciro gilashin daga bango da hannuna na miƙa mata, ga mata huɗu zaune a falon. Ta fara karantawa a zuci, sai ta ce idonta ba ya gani sosai yau. Na ba ta tabarauna. Ta ce a bari sai anjima. Ni da na yi shekara talatin da biyar ina kallon fuskar yaron da ba ya son faɗin abin da ya sani, na ce ta karanta yanzu, da ƙarfi, don kunnena.

Ga abin da ka buga, ko ka manta. “Ramin Kailu Bahaushe. Ku zo ku ga inda ƙasa ta haɗiye mai haɗama. Ya tsinci curin zinariya kamar kan rago, ya ɓoye wa abokan aikinsa, ya koma shi kaɗai don ya ɗauke, ƙasa ta rufe a kansa. Ku jefa masa kwabo ku faɗi burinku, har yanzu yana karɓa. Jikansa ne zai ba ku labarin da bakinsa.” A ƙasa kuma an ce abincin rana yana ciki.

Matan nan huɗu sun ci wainar da na raba. Ɗaya bayan ɗaya suka tuna sun bar tukunya a wuta.

Mutumin da ya ajiye wuƙarsa ya shiga rami don ya ciro wanda ba addininsu ɗaya ba, ba yarensu ɗaya ba, shi ka mayar ɓarawo. Mutumin da bai taɓa riƙe zinariya ba sai 'yan kunnen da ya saya wa Inna. Ni na ba ka labarin, da hannuna na rubuta shi, babu wanda na taɓa rubuta wa shi a duniya sai kai. Na ce ka kai Musulmi biyu su yi addu'a, ka kai 'yan kallo takwas suna jifansa da kwabbai suna roƙonsa buri kamar gunki. Har ka ce kai jikansa ne. Kakanka Jibrin da ke tashi ya yi alwala in an ambaci Kailu, ka san dalili yanzu, ciwon abin ne bai bar shi ba har ya mutu. Kai ko ɗigon ciwon ba ka gada ba.

Kuma ka rubuto mini a bayan takardar. Na yi ta juya wannan a raina. Ba ƙarfin hali ba ne, raini ne. Ka ɗauka tsohuwa a Fagge ba ta da mai karanta mata Faransanci.

Ka ci amanata, Badaru, ba ni da wata kalmar. Ka cire katakon nan, ka ƙona takardun, ka daina tsayar da mota a kan mahaifina. Ina jiran amsa a motar Malam Sadi ta gaba.

Iklima 'yar Kailu


Treichville
6 ga Agusta

Gwaggo,

Assalamu alaikum. Ina fata jikinki da sauƙi. Mota biyu ta tashi ban ba da amsa ba, don duk takardar da na fara sai in yaga. Barakatu ta karanta taki, tun ranar ba ta yi mini magana mai tsawo ba. Yau na zo tsohon gidan kakana a unguwar Biafra na zauna a tsakar gida, a nan nake rubutu.

Ba zan ce ban yi ba. Amma ki bari in faɗi yadda aka yi. Asabar ta farko bayan takardarki, na ba baƙi labarin Baba Kailu yadda kika rubuta shi, da igiyar da Kwame da komai. Wata mata ta ce abin tausayi, sauran suka koma kan wayoyinsu, a mota ba wanda ya yi magana. Abokina sofer ya ce na kashe musu rana, mutane sun fito hutawa ne ba zaman makoki ba. Akwai wata tatsuniya da 'yan ƙauyen ke yi ta wani mai haɗama da ƙasa ta haɗiye, ba shi da suna. Baƙi kullum suna tambayar sunansa. Wata rana bakina ya ce Kailu. Suka so shi, suka ce in maimaita, da na ce ɗan'uwana ne sai suka ɗauki hoto da ni. Daga nan abin ya fi ƙarfina. Ban taɓa tunanin zai kai Kano ba.

Yanzu ga abin da nake so ki ji, na san zai sanyaya miki rai ko kaɗan ne. Babu wanda ya taɓa jifan Baba Kailu da kwabo, Gwaggo. Ramin nan ba nasa ba ne.

Na nema, Allah ya sani, sau biyu na koma ni kaɗai ranar Talata. Rimayen wurin an sare su tun da daɗewa an shuka koko. Rafin kuma sababbin mahaƙa masu inji sun juya shi, ba ya bin inda yake bi a da. Ban ga ko ɗaya daga alamun ba. Da takardarki ta hawan jini ta zo, sai na ji tsoro kada wani abu ya same ki ina riƙe da alkawari. Na zaɓi ramin da ya fi kusa da hanya, mai inuwa, wanda da ma a nan muke tsayawa, na ɗebi ƙasarsa. Na ce ƙasa ƙasa ce, duk tsauni ɗaya ne. Don ki sami kwanciyar hankali na yi.

Na cire sunan daga sababbin takardu, tsofaffin na zuba su a wutar mai gasa kifi. Kuma na sami wani tsoho a ƙauyen, ya ce yana yaro an yi wani mai nama da ya shiga rami bayan Kwame. Ya ce yana jin zai iya kai ni kusa, amma ramuka shida ne a jere a cikin gonar wani, ba zai iya bambancewa ba. Alama ta uku ce kawai za ta raba. Ki faɗa mini ita, Gwaggo. Zan je da liman da mutum biyu, ba mota, ba baƙi. Ki ba ni dama in gyara.

Fardon. Fardon ƙwarai.

Ɗanki in kin yarda,
Badaruddeen


Fagge, Kano
29 ga Agusta

Badaruddeen,

Wa alaikumus salam. Ina nan da rai. Ka gaida Barakatu, ka ce na ji shirun da ta yi maka, na gode mata.

Ka ce maganarka za ta sanyaya mini rai. Na karanta ta ana ruwa, irin na Agusta da ba ya ɗaukewa. Na ajiye takardar na tsaya a bakin ƙofa ina kallon yadda yake kwarara, ina tunanin kabarin Inna. Wata uku ke nan yana dukan ƙasar da ka aiko. Ta narke ta shige, ba mai iya tsince ta. Ƙasar ramin da ake jefa wa kwabo, ramin da ban san ko uban wa ke ciki ba, ita na sa ɗana ya shafa wa uwata da hannunsa, ni kuma na tsaya a bakin katanga na ce mata ga abin da kika ce. Ƙaryar farko kai ka yi ta ga baƙi. Wannan kuwa ni ka sa na yi ta, ga wadda ba zan iya komawa in ba haƙuri ba.

A watan Afrilu na rubuta maka, in ba ka samu ba ka ce ba ka samu ba. Layi ɗaya ne, ko ɗan aji biyu zai iya. Da muguwar rawa gara ƙin tashi. Nawa laifin shi ne da Amir ya tuna mini alama ta uku na ce ba a yi maka jarrabawa. Ban taɓa ba yaro maki ban duba takardarsa ba sai a kanka.

Na yarda tsohon nan gaskiya yake faɗa, na kuma yarda yau da gaske kake. Amma na san Asabar za ta zagayo. Wata rana baƙi za su yi shiru a mota, abokinka zai ce ka kashe musu rana, bakinka kuma zai sake fin ƙarfinka. A lokacin kana da ramin gaskiya a hannu, mai alama, wanda za a iya nunawa da yatsa. Ba zan faɗa maka ba. Ban faɗa wa Amir ba, ba kuma zan rubuta ta a ko'ina ba, tare za a binne mu. Addu'a ba ta buƙatar jagora, daga kan sallayata tana isa inda yake.

Abu ɗaya ya rage a kanka. Ramin da ka kewaye da katako, ka tambayi tsohon ko akwai mutum a ciki. In akwai, ka nemi 'ya'yansa ka faɗa musu abin da ake yi a kansa duk Asabar, ka kuma ce musu wani ɗan yanki na ƙasar ubansu yana Kano a kan wata mata mai suna Zuhura, ina haɗa shi a addu'a.

Shekara sittin ina kukan ba a san inda mahaifina yake ba. Yau na gode wa Allah da ba a sani ba. Yafiya kuwa ina ƙoƙari, ba ta zo ba tukuna, ba zan ce maka ta zo ba.

Malam Sadi zai ba ka kwalbarka. Na wanke ta.

Iklima 'yar Kailu mai nama